Igiyar Saniyar Baffa

Yayanmu Safiyanu ba ya sa kiɗa a fim ɗinsa, ba ya sa rawa, ba ya ɗaukar 'yan wasa. Kafa kamara yake yi a kan ƙafafunta, ya koma gefe ya harɗe hannu, ya yi ta jira kamar mai gadin shanya. In ka tambaye shi abin da yake jira, sai ya ce, "Jira nake mutum ya manta ina wurin." Mutanen Potiskum ba su ɗauki wannan a sana'a ba, sun ɗauke shi taɓin hankali ne irin na masu tsabtar kaya. Ni Adawiyya, ƙanwarsa mai bi masa, ni nake tare masa faɗa a gidajen biki, har sai da na ɓata da mata da yawa a kansa. Yau ga shi ni ce mai ba da labarin nan, kuma wallahi ba da daɗin rai nake bayarwa ba.

Da ɗaukar biki ya fara. An taɓa kiransa wani aure a Damagum, ya wuni a can, ya dawo wa mutane da fim ɗin tsofaffi suna kankare tukwane a bayan gida. Amarya kuwa, da duk kwalliyar da aka yi mata tun asuba, sai gilmawarta kawai ake gani ta bayan wata mai tuƙa tuwo. Uwar amarya ta biyo shi har ƙofar gidanmu tana zage-zage, shi kuma yana tsaye yana yi mata bayanin wai tsofaffin nan su ne bikin. Daga ranar aka daina kiransa biki. Sai ya koma tashar tireloli, ya yi wata da watanni yana bin direbobi, yana ɗaukarsu suna dafa shayi a ƙarƙashin mota, suna ɗinke tamfol, suna sallah a gefen titi. Wannan fim ɗin ne wasu suka gani a Jos, suka kira shi ya je ya ƙara sani. Ya dawo da sabuwar kamara mai zuƙo nesa, da gemu, da sabon baki. Kalma ɗaya ce ta cika masa baki: gaskiya. Komai gaskiya, gaskiya, kamar shi ya ƙirƙiro ta.

Sai na faɗa muku wane ne Baffa, mahaifinmu, in ba haka ba labarin ba zai shiga ba. Sunansa Malam Babayo, Bafulatani ne da ya tashi a ruga wajen Danchuwa, ya yi kiwo har gashinsa ya yi fari. Gonaki suka cinye burtali, ciwo ya ɗauki wasu shanun, ɓarayi suka ɗauki wasu, ya tattara mu ya shigo gari. Garin bai taɓa shiga jikinsa ba. Mutum ne mai fulako, irin kamun kan nan na Fulani: ba ya cin abinci a gaban mutane, ba ya cewa yana jin ciwo. Ranar da aka binne Innarmu, shi ne yake ba masu ta'aziyya haƙuri, idonsa ƙamas.

Kuma Baffa bai taɓa kiran sunan Safiyanu ba, domin shi ne ɗan fari. A wajenmu uba ba ya faɗin sunan ɗansa na fari, ba ya kallon tsakiyar idonsa, ba ya zama da shi a tabarma ɗaya. Kunya ce, kuma a cikin kunyar nan duk ƙaunar take. "Wancan" yake ce masa. Ko suna tsaye kusa da juna, ni zai juyo ya ce wa, "Adawiyya, gaya wa wancan ya ci abinci kafin ya fita." Amma ƙaninmu Nuraddeen, mai tuƙa keke napep, sunansa ya sha wuya a bakin Baffa. Nuraddeen kawo buta, Nuraddeen rufe ƙofa, Nuraddeen kana ina, tun safe har dare.

Abin nan yana ci wa Safiyanu rai tun muna yara. Ya san al'ada ce, ba wai bai sani ba, amma sani daban, zuciya daban. Bayan ya dawo daga Jos ya taɓa ce mini, "Ada, na ɗauki muryar mutum ɗari suna kiran sunan 'ya'yansu. Ni ko sau ɗaya ban ji nawa a bakin Baffa ba." Na ce masa, "Yaya, ka gode Allah da ba ka ji ba." Ya yi dariya ya ce ni dai 'yar ƙauye ce.

Daga duk garken Baffa, saniya ɗaya ce ta rage, ja mai dogon ƙaho, muna ce mata Woɗe. Jinin shanun kakanmu ce. A bayan gida take ɗaure, Baffa yana yi mata magana da Fillanci fiye da yadda yake yi mana. To saniyar gari me za ta ci? Duk ranar da aka sake ta, bola take bi. Ta yi ta haɗiyar leda har cikinta ya kumbura, ƙashin bayanta ya fito. Likitan dabbobi ya zo ya taɓa ta, ya ce ledar ta dunƙule a tumbinta, a rabu da ita tun tana tsaye da ƙafarta. Baffa ya ce to, amma ba za a ba mahautan gari ba, kada ya ci karo da namanta a tire. Sai dai a ba masu lodi zuwa Kudu.

A lokacin Safiyanu yana haɗa fim a kan kara, babbar kasuwar shanun garinmu. Da ya ji za a kai Woɗe, sai ya zo ya same ni, wai in roƙar masa Baffa ya bari ya ɗauka. Na je na faɗa. Baffa ya daɗe yana jan carbi, sannan ya ce, "Gaya wa wancan ya ɗauki saniya. Saniya na ce." Na maimaita wa Safiyanu kalma da kalma, har da "saniya na ce" ɗin. Ya ce ya ji.

Ranar Laraba suka tafi. Ni ban je ba, me zai kai ni kara? Da la'asar Baffa ya dawo shi kaɗai, igiyar Woɗe naɗe a hannunsa, domin ba a sayar da dabba da igiyarta. Ya rataye ta a ƙusar da ke zaure, ya yi alwala, ya tambayi Gogo ko an ba kaji ruwa. Gogo ƙanwarsa ce, ita ke riƙe da gidan tun rasuwar Inna. Ta dube shi, ta dube ni. Muka ce Baffa ya shanye kamar yadda ya saba.

Bayan wasu makonni Safiyanu ya kira ni ɗakin da yake haya, inda yake tace fim ɗin a kwamfuta. Ya ce, "Zauna ki ga abin da Allah ya ba ni."

Na ga kara, na ga dillalai suna tafa hannu, na ga ana tura Woɗe cikin tirela tana turjewa. Na ga Baffa ya kwance igiya, ya yi sallama da mutane, har da murmushi. Sai ya juya ya tafi. Kamarar ba ta tsaya a kan saniya ba, ta bi shi. Daga nesa take zuƙo shi, ta tsakanin ƙafafun mutane da ƙahonin shanu. Baffa ya zagaya bayan wani tarin harawa inda ya tabbata babu ido, ya duba dama, ya duba hagu, sannan ya tsuguna. Ya cusa igiyar nan a fuskarsa. Kafaɗunsa suka fara girgiza. Hularsa ta faɗi ƙasa bai ɗauka ba. Ubana, wanda bai zubar da hawaye a kan kabarin matarsa ba, yana kuka da baki buɗe kamar yaron da aka yaye. Kuma kamarar ta tsaya a kansa, ta tsaya, ta ƙi motsi.

Na ce, "Kashe! Yaya, kashe abin nan!"

Ya tsayar, yana kallona da ido jajir. Shi ma ya yi kuka, ban hana masa wannan ba. Ya ce, "Kin gani? Wannan shi ne fim ɗin. Duk sauran hanya ce ta zuwa nan."

"Saniya aka ce ka ɗauka."

"Ada, wannan ita ce saniyar. Me ake nufi da saniya in ba wannan ba?"

Na ce, "Kada ka yi mini surutun Jos. Mutumin nan duba dama ya yi, ya duba hagu. Ka gani da idonka. Ɓuya ya yi, kai kuma ka bi shi ka leƙa. Ka cire."

Ya tashi ya yi ta zagaya ɗakin. Ya ce duniya ba ta san abin da makiyayi yake rasawa ba, kullum a labarai ana nuna Bafulatani da sanda ko da bindiga, ba a taɓa nuna shi da zuciya ba. Ya ce fim ɗin nan daraja zai ƙara wa Baffa. Na ce darajar da Baffa ya sani ita ce kada a ga hawayensa, ita ya yi shekara saba'in yana tarawa, ita kaɗai ta rage masa tunda shanu sun ƙare. Na ce in ya isa, ya je ya nuna wa Baffa kafin kowa. Ya koma ya zauna gaban kwamfuta. Can ya ce, "A Legas za a nuna, sai kuma ƙasashen waje. Wa zai gani a Potiskum?" Na ce masa mu zuba mu gani, na ja mayafina na fita.

Bai cire ba. Ya sa wa fim ɗin suna Igiya, ya tafi da shi bikin baje kolin finafinai a Legas. Aka ce da aka zo wajen kukan, zauren ya yi tsit, da aka gama kuma mutane suka miƙe tsaye suna tafi. Aka ba shi lambar yabo. Aka yi hira da shi, ya sa babbar riga da hular Fulani wadda bai taɓa sawa a gida ba, yana cewa shi ba ya shirya komai, rayuwa ce take zuwa gaban kamararsa da ƙafarta. Na kalli hirar a wayar mijina, na ji kamar in shiga ciki in shaƙe shi.

Ba a yi mako biyu ba wani ɗan albarka ya yanko wajen kukan kaɗai, ya ɗora masa kiɗan tausayi mai sarewa, ya watsa. Mutumin da ya rantse ba zai sa kiɗa a fim ba, ga ubansa yana kuka a kan kiɗa a wayar kowane mai shayi. Daga Potiskum har Mamudo babu wanda bai gani ba. Wasu yara suka mai da shi abin wasa, in ƙungiyar ƙwallon wani ta sha kashi sai a tura masa Baffa. Na kama wata maƙwabciyata tana nuna wa kishiyarta suna dariya, ina shigowa ta kife wayar ta hau yi mini sannu da aiki. Ban sake shiga gidanta ba.

Muka yi ta ɓoye wa Baffa, tunda shi wayarsa ƙarama ce mai tocila. Amma ko da shanunsa suka ƙare, duk Laraba yana zuwa kara. Yana da wurin zama a gindin wata bishiyar maina, masu saye suna zuwa su ce, "Malam Babayo, zo ka duba mana wannan." Ya buɗe bakin sa ya ga haƙori, ya taɓa tozo, ya ce saya ko bari. Wannan zaman shi ne abin da yake tashinsa da safe. A nan wani dillali, Abatcha, tsohon abokinsa, ya same shi. Kuma ba da mugunta ya zo ba, abin da ya fi ƙona mini rai ke nan. Ya dafa kafaɗarsa a gaban jama'a ya ce, "Malam Babayo, wallahi ka sa ni kuka. Ashe haka abin ya yi maka ciwo? Ai da ka faɗa." Ya ciro waya ya kunna masa, mutane suka zagaye suna sannu, sannu.

Nuraddeen ne ya ɗauko shi a kekensa, shi ya ba ni labari. Ya ce Baffa ya kalla har ƙarshe, ya miƙa wa Abatcha wayarsa, ya ce, "Madalla." Da suka iso gida ya cire igiyar daga ƙusa ya shiga da ita ɗaki.

Daga ranar Baffa bai sake taka kara ba. Masallacin unguwa ma ya daina zuwa, ya koma wani can bakin titi inda matafiya suke sallah. 'Yan'uwansa suka zo daga Danchuwa, dattawa masu sanduna, suka zauna a zaure, aka gaisa, aka sha fura, ba wanda ya ambaci abin. Zuwan jaje ne, kowa ya sani, kamar an yi mutuwa. Da suka tafi Baffa ya yi kwana biyu bai fito tsakar gida ba. Na kira Safiyanu na wanke shi tas, ban bar masa komai ba. Ya ce ba shi ya yanko wajen kukan ba, ya ce zai sa a sauke. Na ce a sauke daga ina, daga idon mutane? Ya ce zai zo da kansa, Baffa zai fahimta in ya ga yadda duniya ta karɓi abin.

Ya zo wata Juma'a bayan an sauko masallaci. Ina gidan, Gogo tana tankaɗe, Nuraddeen yana wanke kekensa a ƙofar gida. Safiyanu ya shigo da lambar yabon a naɗe cikin tawul, wani gilashi mai kama da ƙaho. Ya rame, na ga alamar bai yi barci ba. Ya tsuguna daga nesa kamar yadda ya saba, kansa ƙasa, yana jiran Baffa ya fito ya juya masa gefe ya ce mini in tambayi wancan ya hanya.

Baffa ya fito da tabarma a hannunsa, sabuwar nan da ake ajiye wa baƙi. Ya shimfiɗa ta da kansa. Ya zauna a gefe ɗaya, ya nuna ɗaya gefen. Sannan ya ɗaga kai ya kalli tsakiyar idon yayana, ya ce da murya sarai:

"Safiyanu. Sannu da zuwa. Bismillah, zauna."

Rariya ta suɓuce daga hannun Gogo, gari ya watse a ƙasa.

Shi kuma gogan naku, wallahi fuskarsa haske ta yi. Ya ɗago yana kallon Baffa. Ya rarrafa ya hau tabarmar. Baffa ya miƙa masa hannu suka gaisa, ya tambaye shi ya Legas, ya aiki, ya mutanen can. Kowace tambaya da sunan a gabanta. Safiyanu ya kwance tawul ya ajiye gilashin a gabansa, ya ce, "Baffa, wannan naka ne." Baffa ya ɗauka ya juya shi, ya ce, "Abu ya yi kyau. Allah ya ƙara ɗaukaka, Safiyanu." Ya mayar masa a gabansa. Ya ce wa Gogo a kawo wa baƙo ruwa. Gogo ta shige ɗaki, muna jin kukanta ta cikin labule.

Ni na kawo ruwan. Da na sunkuya zan ajiye kofin, Safiyanu ya riƙo gefen mayafina, ya yi mini raɗa, idonsa cike da hawaye: "Ada, kin ji? Ya kira sunana."

Na dube shi. Mutumin da yake zama wuni guda yana karanta fuskar baƙi ta cikin gilashin kamara, ya kasa karanta ta ubansa a tabarma ɗaya. Na so in tausaya masa, amma haushi ya fi yawa. Na ce, "Na ji, Yaya. Kowa ya ji." Na zare mayafina.

Suka ɗan ƙara taɓa hira, irin wadda ake yi da mutumin da aka haɗu da shi a mota. Aka kira la'asar. Baffa ya miƙe, ya ce, "To, Safiyanu, mun gode da ziyara. A gaida mutanen gida." A nan ne na ga murmushin ya fara daskarewa a fuskar yayana. Wane gida? Bai yi aure ba, ba shi da wani gida sai wannan.

Daidai lokacin Nuraddeen ya shigo da bokiti a hannu, rigarsa jiƙe. Ya tsaya yana jiran a kwaɗa masa kira kamar kullum. Baffa bai kalle shi ba. Ya kawar da kai gefe, ya sunkuyar da ido ƙasa, irin yadda na ga yana yi wa mutum ɗaya tak tun ina yarinya. Sannan ya juyo gare ni.

"Adawiyya," ya ce, "gaya wa wancan ya raka baƙo bakin titi."